Finafinan da Aka Kulle Shekara 20: Labarin “Kanta” a Tarayyar Sobiyet

 Yau zan kai ku Mosko ne, zamanin mulkin kwaminisanci, mu ga yadda ake yin fim a ƙasar da gwamnati ce take biyan kuɗin fim ɗin, kuma ita ce take riƙe da almakashi.

Bari mu fara da tushe. A ranar 27 ga Agusta, 1919, Lenin ya sa hannu a kan dokar da ta mayar da harkar fim gaba ɗaya hannun gwamnati. A shekarar dai aka buɗe makarantar koyon fim a Mosko, wadda daga baya ta yi suna da VGIK, kuma ita ake lissafawa a matsayin makarantar fim ta farko a duniya. Dalili? Mafi yawan talakawan ƙasar a lokacin ba su iya karatu ba, amma kowa yana gane hoto. To gwamnati ta ga babu abin da ya kai fim saurin isar da saƙo. Daga wannan tsari ne Sergei Eisenstein ya fito da “Battleship Potemkin” a 1925, fim ɗin da har gobe ake koyar da ɗalibai haɗa hoto da shi. Mu ma 'yan Afirka mun sha daga wannan rijiya: Ousmane Sembène na Senegal ya koyi aiki a Mosko, Souleymane Cissé na Mali kuma a VGIK ya yi karatu.

Kun san a Kannywood furodusa da kuɗinsa yake yin fim, sannan ya kai wa hukumar tace finafinai ta duba. A can ba haka ba ne. Situdiyo na gwamnati ne, kyamara tata ce, albashin darakta ita ke biya, gidajen sinima ma nata ne. Akwai hukuma guda, Goskino, wadda take duba labari tun yana kan takarda, ta sake duba fim bayan an gama. Daɗin abin shi ne darakta ba ya yawon neman mai zuba jari. Ɗacinsa kuma, idan hukuma ta ce a'a, babu wata ƙofa ta biyu da za ka ƙwanƙwasa. Sai a zuba fim ɗin cikin gwangwanayensa a ajiye. 'Yan fim na can suna cewa “an ɗora shi a kan kanta”.

Labarin da ya fi tsaya mini a rai shi ne na Aleksandr Askoldov. A 1967 ya gama fim ɗinsa na farko, “Komissar”, wanda ya ɗauko daga wani gajeren labari na marubuci Vasily Grossman. Labarin wata mata ce, jami'ar jam'iyya a cikin rundunar 'yan juyin juya hali lokacin yaƙin basasar Rasha. Mace ce mai zafi, ba ta wasa da doka. Sai ga ta da ciki, har ya tsufa. Rundunar ta sauke ta a gidan wani talaka Bayahude mai tarin 'ya'ya a garin Berdichev, a ƙasar Yukiren ta yanzu. A gidan ta haihu, a gidan ta fara sanin daɗin zama cikin iyali. Da yaƙi ya sake matsowa, sai ta bar jaririn a hannunsu ta bi runduna.

To me ya ɓata wa hukuma rai? Abu biyu. Na farko, 1967 shekara ce ta bikin cikar juyin juya hali shekara 50, ana son finafinan jarumtaka, shi kuwa ya nuna yaƙi da wahalarsa da asararsa. Na biyu, ya sa iyalin Yahudawa a tsakiyar labari, har da wani wuri da matar take hango yadda za a kora su zuwa halaka a zamanin Hitler, batun da gwamnati ba ta son a keɓe shi a yi magana a kai. Aka ce ya yanke, ya gyara. Ya ƙi. Sai aka kore shi daga aiki da hujjar wai bai cancanci sana'ar ba, daga baya aka kore shi daga jam'iyya. Fim ya hau kanta.

Kuma fa ba shi kaɗai ba ne. “Andrei Rublev” na Tarkovsky an gama shi a 1966, aka nuna shi a bikin Cannes na Faransa a 1969, amma mutanen ƙasarsa ba su gan shi a sinima ba sai 1971. A Jamus ta Gabas, wani taron jam'iyya guda ɗaya a Disamban 1965 ya sa an kulle kusan dukkan finafinan da situdiyon DEFA ya yi a kan rayuwar wannan zamani a shekarar. A Cekoslobakiya, bayan tankokin Sobiyet sun shiga Prague a 1968, an rufe “Larks on a String” na Jiří Menzel, wanda aka yi a 1969.

Sauyi ya zo bayan hawan Gorbachev. A watan Mayun 1986, ƙungiyar 'yan fim ta Sobiyet ta yi babban taronta, mambobi suka kayar da tsofaffin shugabanni, suka zaɓi Elem Klimov, wanda shi kansa an taɓa riƙe masa fim shekaru. Suka kafa kwamiti na musamman ya riƙa sauko da finafinai daga kanta, kuma an saki fiye da 100. Amma duk da haka “Komissar” yana kulle. Sai a Yulin 1987, ana bikin finafinai na Mosko, Askoldov ya miƙe a gaban 'yan jaridar ƙasashen waje ya nemi a nuna fim ɗinsa. Ba yadda aka iya, aka nuna. A 1988 ya ci kyautar Silver Bear a bikin Barlin. Na Menzel kuwa ya ci Golden Bear a 1990, shekara 21 da yin sa.

Kada mu yi saurin cewa gaskiya ta yi halinta shi ke nan. Askoldov yana da shekara 35 lokacin da ya gama fim ɗin, yana da 55 lokacin da aka sake shi. Har ya rasu a 2018 bai ƙara yin wani fim na labari ba. An dawo da fim, amma shekarun aikin mutumin babu mai dawo da su.

Sannan ga wani abin mamaki. Da Tarayyar Sobiyet ta rushe a 1991, almakashi ya tafi, amma kuɗin ma sun bi shi. Finafinan da ake yi sun faɗo daga kusan 300 a 1990 zuwa ƙasa da 30 a Rasha a 1996. Gidajen sinima da yawa suka koma shagunan kujeru da wuraren sayar da motoci. Gaba kura baya sayaki ke nan: da akwai kuɗi babu 'yanci, yanzu ga 'yanci babu kuɗi.

Masu nazarin tarihin fim kuwa, rushewar ta buɗe musu taska. Gwamnatin da komai sai ta rubuta ta bar takardun zaman tacewa, da jerin wuraren da aka ce a yanke, da wasiƙun daraktoci. Su kansu finafinan da yawa sun tsira ne saboda rumbun adana finafinai na gwamnati, Gosfilmofond, ya ajiye su. Da waɗannan takardu ake gane cewa ba kullum darakta ke gefe guda hukuma na gefe guda ba. Akwai jami'in da ya kare fim a ɓoye, akwai ɗan fim ɗin da ya soki na abokin aikinsa a zaman tacewa.

Ni dai abin da nake ɗauka daga nan shi ne, duk lokacin da na ji ana kiran gwamnati ta zo ta zuba kuɗi a harkar fim, sai in tambaya: idan ta biya, wa zai riƙe almakashin? Ku fa, me kuka gani? Ku ajiye mini ra'ayinku a ƙasa. A shiri na gaba, in Allah ya kai mu, za mu duba ɗaliban Afirka da suka je Mosko koyon fim, da abin da suka dawo da shi gida. Sai mun haɗu.