Ƙahon Pinard da na'urar da aka ce za ta gaje shi

Duk matar da ta taɓa zuwa awon ciki a asibitin ƙauye, ko a gidan haihuwa na Maraɗi, Damagaram ko Tawa, ta san ɗan ƙahon nan na katako ko na ƙarfe mai kama da bakin algaita. Ungozoma ta ɗora faffaɗan bakin a kan ciki, ta manna kunnenta a ɗaya gefen, idonta na kan agogo. Sunan wani likitan haihuwa na Faransa ne a kansa, Adolphe Pinard, wanda ya fito da shi a 1895. Amma sauraron zuciyar ɗan da ke ciki ya girmi Pinard.

A 1816 wani likita a birnin Paris, René Laennec, ya ji nauyin ɗora kunnensa a ƙirjin wata budurwa marar lafiya, sai ya naɗe takarda ya saurara ta ciki. Mafarin abin sauraron ƙirji da likitoci ke ratayawa a wuya ke nan. A 1818 François Mayor na Janeba ya ba da labarin jin bugun zuciyar ɗan tayi da kunnensa. A 1821 kuma wani abokin Laennec, Kergaradec, ya ɗora bututun a cikin wata mai juna biyu yana neman motsin ruwan da jariri ke kwance a ciki, sai ya ji wani bugu mai sauri kamar na agogon aljihu. Shi ya fara tambayar da har yau ake kokawa da ita: shin canjin wannan bugu zai iya nuna ko yaron lafiya yake ko yana cikin wahala? A zamaninsa amsar ba ta da amfani sosai, domin fiɗa a ciro jariri kusan hukuncin kisa ce ga uwa.

Abin da ake sauraro shi ne wannan. Zuciyar ɗan tayi na bugawa sau 110 zuwa 160 a minti, kusan ninkin ta babba. Duk sa'ad da naƙuda ta murɗa, mahaifa na matse jijiyoyin da ke kai jini ga mabiyiya, sai iskar da ke isa ga jariri ta ragu na ɗan lokaci. Lafiyayyen yaro na jurewa, kamar mai nutso a tafki da ya riƙe numfashi. In bugun ya sauka tare da murɗar ya kuma dawo tare da ita, galibi kai ne ya matsu, ba abin tsoro ba. In ya faɗi farat ɗaya ba tsari, ana zargin igiyar cibiya ce ta danne. Wanda ya fi tayar da hankali shi ne mai saukowa a makare, wanda ba ya dawowa sai bayan murɗar ta wuce: alama ce mabiyiya ta fara gazawa. Akwai kuma abin da ya ba ni mamaki ranar da na fara karanta shi. Lafiyayyar zuciya ba ta tafiya daidai wa daida kamar agogo, tana ɗan hawa da sauka a kai a kai. Idan ta miƙe sak na dogon lokaci, a nan ne ake damuwa. Wannan kuwa kunne ba ya iya kama shi da kyau.

Don haka ba wauta ba ce da masana suka nemi na'ura. Edward Hon a jami'ar Yale ta Amurka ya wallafa aikinsa a 1958. Roberto Caldeyro-Barcia na nasa a Montevideo ta Uruguwai, Konrad Hammacher kuma a Jamus, wanda kamfanin Hewlett-Packard ya fito da na'urarsa kasuwa a 1968. Ana ɗaura wa mai naƙuda ɗamara biyu, ɗaya na bin zuciya, ɗaya na bin murɗa, takarda na fitowa da layi biyu ba tsayawa. Fatan da aka ɗora mata babba ne. Tun ƙarni na 19 likitan Ingila William Little ya danganta shanyewar gaɓoɓin yara, wadda ke zuwa daga lahanin ƙwaƙwalwa, da wahalar haihuwa. Sai aka ce ai in an ga wahalar da wuri an ciro yaro, cutar za ta ragu ƙwarai.

Asibitoci suka saye ta kafin a gwada ta. Da aka zo gwaji, sakamakon bai yi wa kowa daɗi ba. A Denba ta Amurka, a 1976, Albert Haverkamp ya raba mata masu naƙuda gida biyu, wasu da na'ura, wasu da sauraron kunne. Jariran ba su bambanta ba, amma fiɗa ta ninka har ta wuce a wajen masu na'ura. A Dublin ta ƙasar Ayalan, a 1985, an sake gwadawa da mata kusan 13,000. Jijjigar jarirai sabbin haihuwa ta ragu da kusan rabi, wannan riba ce ta gaske, sai dai mace-mace ba su ragu ba, kuma da aka bi yaran har shekara huɗu shanyewar gaɓoɓi ma ba ta ragu ba. Dalilin ya fito daga baya: mafi yawan wannan lahani ba a ɗakin haihuwa yake farawa ba, tun a ciki ne, ko daga haihuwar bakwaini, ko wata cuta. Binciken Karin Nelson na 1996 ya nuna cewa cikin yaran da takardarsu ta nuna alamun tsoro, 99.8 cikin ɗari ba su sami wannan lahani ba. Ga shi kuma likita biyu kan karanta takarda ɗaya su ba da fassara biyu.

Duk da haka na'urar ba ta ja da baya ba. A farkon shekarun 2000 kusan haihuwa 85 cikin ɗari a Amurka da ita ake yi. Takardar ta zama shaida a kotu, likita na tsoron a ce ya ga alama bai yanka ba. Ta kuma sauƙaƙa wa asibiti, tunda ma'aikaciya ɗaya na iya duba mata da yawa daga allo ɗaya. Ba na cewa ba ta da wurinta. Ga mai hawan jini, ko mai zubar jini, ko wadda aka taɓa yi wa fiɗa, ko wadda aka sa wa ruwan naƙuda, likitoci na neman ta, kuma da hujja.

A 2018 hukumar lafiya ta duniya, OMS, ta ce ga mace mai lafiya da naƙuda ta zo mata da kanta ba a shawartar ɗaura na'ura ba tsayawa. Ƙahon Pinard ko ƴar na'urar Dopla ta hannu ta wadatar. Mai karatu a Nijar na iya jin daɗi ya ce ashe abin da ke hannunmu ne ya ci. Sai a yi hattara. A gwajin Denba kowace mace da aka saurara da kunne tana da ma'aikaciyarta ita kaɗai a gefen gado. Ƙa'idar OMS kuma ita ce a saurara duk minti 15 zuwa 30 idan naƙuda ta kankama, duk minti 5 idan an fara yunƙuri, kowane sauraro aƙalla minti ɗaya, a ci gaba har bayan murɗa ta wuce, a rubuta. Ni malamin makaranta ne, lissafin ba shi da wuya: ungozoma ɗaya a daren aiki, mata huɗu a ɗaki, ɗaya ta fara yunƙuri. Sauran ukun wa ke sauraron su?

Matsalarmu ma ba irin ta Amurka ba ce. Su fiɗa ta yi musu yawa, mu kuwa akwai matan karkara da ke buƙatar ta ba su samu a kan lokaci. Tun 2005 gwamnatin Nijar ta ayyana fiɗar haihuwa kyauta, ga gidan haihuwa na Issaka Gazobi a Yamai, ga cibiyoyin uwa da yaro a manyan biranen jihohi. Amma idan ungozoma ta ƙirga 90 a minti da ƙarfe biyun dare, ta juya matar ta kwanta a gefen hagu, ta sake ƙirgawa bai hau ba, abin da ya rage shi ne mota, da mai, da hanyar da damina ta bari, da ko akwai jini da likitan fiɗa a inda za a je.