Daga Kotun Kaithal zuwa Garin Pipli

Ranar 15 ga Yuni, 2007, wata amarya mai suna Babli ta tsaya gaban alƙali a garin Kaithal na jihar Haryana, a arewacin Indiya, ta shaida cewa babu wanda ya sace ta, da yardarta ta auri Manoj. Danginta ne suka kai ƙara cewa an gudu musu da 'ya. Alƙali ya saurare ta, ya fahimci ran ma'auratan na cikin haɗari, sai ya umarci 'yan sanda su ba su kariya.

Laifinsu a wurin mutanen ƙauyensu Karora shi ne sun fito daga gotra ɗaya, wato zuriyar da ake jinginawa ga kaka guda, komai nisan zamani. Bahaushen da ya saba da auren zumunci zai yi mamaki, amma a al'adar ƙabilar Jat irin waɗannan biyu wa da ƙanwa ne, kuma majalisar dattawan gargajiya da ake kira khap ba ta yafe wannan aure.

Doka kuwa tana bayansu. Shekara guda kafin nan, a shari'ar Lata Singh ta 2006, Kotun Ƙolin Indiya ta ce baligi yana da 'yancin auren wanda yake so, ta kuma ɗora wa 'yan sandan ƙasar nauyin kare ma'auratan da dangi ke yi wa barazana.

Abin da ya biyo baya shi ne ya fi ci mini rai. 'Yan sanda sun fito da su daga kotu, sun raka su har Pipli, a nan suka rabu da su. Ma'auratan suka shiga motar safa mai zuwa Delhi. Ba a yi nisa ba dangin Babli suka tare motar, suka sauke su a gaban fasinjoji. Ita aka ɗura mata maganin ƙwari, shi aka shaƙe shi. Bayan kwana takwas aka tsamo gawarwakinsu daga wata magudanar ruwan noma a gundumar Hisar. Umarnin alƙali ko yini ɗaya bai kai ba, domin waɗanda aka damƙa wa amanar sun ɗauke ta a matsayin rakiyar hanya, wadda ake kaiwa wani wuri a juyo.

Mahaifiyar Manoj, wadda mijinta ya rasu, ita ta ƙi barin maganar ta mutu. Dattawan khap sun sa an ƙaurace wa gidanta, sun sa tarar rupee 25,000 a kan duk wanda ya yi hulɗa da su. Ta jure, ta ci gaba da zirga-zirgar kotu kusan shekara uku. A watan Maris na 2010 kotun Karnal ta yanke wa mutum biyar daga dangin Babli hukuncin kisa, ta yi wa jagoran khap ɗaurin rai da rai. Shekara na zagayowa Babbar Kotun Punjab da Haryana ta mayar da hukuncin huɗu ɗaurin rai da rai, ta sallami na biyar tare da jagoran.

Sai a 27 ga Maris, 2018, a shari'ar ƙungiyar Shakti Vahini, Kotun Ƙoli ƙarƙashin Alƙalin Alƙalai Dipak Misra ta waiwayi giɓin da ya cinye Manoj da Babli. Ta haramta wa khap tsoma baki a auren baligai biyu. Ta umarci jihohi su tanadi gidajen mafaka a gundumomi inda ma'aurata za su zauna ƙarƙashin tsaro, da sashe na musamman mai karɓar ƙorafi, da layin waya mai aiki dare da rana. Ta kuma ce jami'in da ya yi sakaci da irin wannan aiki a hukunta shi. Lokacin shekara goma sha ɗaya ke nan, saura 'yan watanni, da ranar da aka bar su a Pipli.