Masu riƙon lissafin zamani a ƙasar Kurfai

Manomin da ke zaune a Dallol Boso, tsakanin Filinge da Shikal, damina ɗaya gare shi a shekara, ita ma gajeriya. In ya zuba irin hatsinsa bayan ruwan farko, sama ta ɗauke sati uku, ya yi asarar iri, watakila har da cimar gidansa ta baɗi. Saboda haka tambayar "yaushe za a yi shuka?" ba ta taɓa zama tambayar da ake yi wa kowa ba. Tun kafin zuwan Nasara akwai mutane ƙalilan da aka sallama wa amsarta, mutanen da ba su da tuta ko sunan ƙungiya, amma suna da abin da suka sani, kuma ba su faɗa wa kowa yadda suka san shi.

Matsalar daga wata ta taso. Shekarar Hijira kwana 354 ce, tana gaza ta rana da kwana 11, don haka azumin da ya zo da bazara zai zo da ɗari bayan ƴan shekaru, sai ya yi kamar shekara 33 kafin ya komo inda ya tashi. Lissafin da ya dace da salla da azumi ke nan, amma ba ya gaya wa kowa ranar ɗaukar kalme. Dattawan gargajiya sun warware wannan da nasu ƙidayar watanni, wadda ke somawa bayan kaka, ta yadda watan bakwai zai riƙa faɗowa a bakin damina. Shi ya sa ake cewa watan bakwai maƙarar rani. Ranar buɗin daji, irin wanda ake yi a Masalata kusa da Birnin Ƙwanni, daga wannan ƙidaya take fitowa, kuma ƴan gidajen da suka gaji tsafin ƙasa ne ke tsayar da ita.

Malaman hisabi kuwa ta sama suka bi. Sun raba hanyar rana gida 28, waɗanda ake kira manzilai ko taurari, kowane da kwana 13, in ban da Jabha mai 14; a haɗa duka, kwana 365 cif. Surayya, wadda Bahaushe ke kira kaza da ƴaƴanta, takan ɓace daga sama a ƙarshen bazara, ta sake ɓullowa da asuba a gabas cikin watan Yuni, daidai lokacin da manomin Kurfai ke kwana da kunne ɗaya a waje yana sauraren cida. Bayanta akwai su Haƙ'a da Han'a da Zira'a da Nasara da Ɗarfa, kuma malami kan faɗa wa mai tambaya tauraron da ake ciki da kwanan da ya rage masa. Tare da wannan suna riƙe da watannin ajami, su Yanayir da Fabrayir, waɗanda asalinsu kalandar Rumawa ce da ta biyo ayari daga Magrib. Littafin da aka fi karantawa a kan haka a Afirka ta Yamma shi ne al-Muƙni'i na Muhammadu ɗan Sa'idu al-Mirgiti, malamin Sus ta Maroko, wanda ya rasu a 1678. Da irin wannan ilmi ne ladani ke auna inuwarsa da tafin ƙafa, ya san azahar ta yi.

To me ya kawo ɓoyo a cikin abin da kowa ke iya gani da idonsa? Dalili na farko shari'a ce. Malamai sun halatta duban taurari don sanin alƙibla da lokaci, amma sun haramta jingina musu ruwa ko arziki, kuma tazarar da ke tsakanin biyun ba ta fi zare ba. Mai wannan ilmi yana tsoron a kira shi boka, sai ya zaɓi almajiri ɗaya ko biyu da ya yarda da hankalinsu. Muhammadu al-Katsinawi, wanda ya rasu a Alƙahira a 1741 a gidan Hasan al-Jabarti, ya rubuta al-Durr al-Manzum kan taurari da hatimai, kuma sunan littafin ma a cike yana ambaton sirrin da aka ɓoye. A Sakkwato, Abdulƙadir ɗan Tafa, wanda ya rasu a 1864, ya ɗauki ilmin asirai daga kawunsa Muhammadu Sambo ɗan Shehu. Dalili na biyu ba sai an yi masa ado ba: wanda shi kaɗai ya san ranar shuka, damin hatsi ba ya yanke wa ƙofar gidansa.

Faransawa da suka kafa bariki a Filinge a farkon ƙarni na 20 sun zo da lissafi na uku, na takarda, wanda ba ruwansa da wata ko tauraro. Da shi ake karɓar lanho, ko rumbu ya cika ko bai cika ba, kuma yunwar 1931 da ta biyo fara a yammacin Nijar ta nuna tsadar wannan rashin jituwa. Bayan farin 1973 aka buɗe cibiyar AGRHYMET a Yamai a 1974, hasashen damina ya koma hannun masu na'ura da gidan rediyo. Duk da haka lissafin takarda bai gama daidaita da samaniyar Kurfai ba. Agogon Nijar an ɗaura shi ne kan layin digiri 15 na gabas, alhali Filinge na wajen digiri 3, saboda haka in agogon makaranta ya buga sha biyu, da sauran kusan minti 45 kafin rana ta tsaya tsaka.