Gwanjon Kotu a Kafanchan: Jiya da Yau

Tun kafin fadar Sarkin Jama'a ta koma Kafanchan a 1933, alƙalai kan sayar da dukiyar wanda bashi ya fi ƙarfinsa, bisa fiƙihun Malikiyya, amma a bar masa sutura da abincin iyali. A 1945 Turawa suka kafa dokar da babbar kotu ke bi har yau: sai kaya sun kwana biyar da kamawa ake gwanjonsu, kuma ba a taɓa gida sai kayan ɗauka sun kasa biyan bashin. Dokar ta keɓe sutura, shimfiɗa da kayan sana'a, amma na naira goma kacal. Yau naira goma ba ta sayen zaren tela, balle kekensa. Don haka mu riƙa sasantawa tun ma'aikacin kotu bai iso ƙofa ba.