Idon Bajamushe a Kan Woɗaaɓe

Dattawan Mayo Bani ba su manta da sunan Jamus ba. Kakanninsu sun ba su labarin zamanin da ƙasar Mubi take ƙarƙashin mulkin Jamusawan Kamaru, tun bayan da aka karya rundunar Lamiɗo Zubairu a Marwa cikin 1902 har zuwa Yaƙin Duniya na Farko. Waɗancan Jamusawa da bindiga suka zo. Wanda za mu yi magana a kansa kuwa da na'urar ɗaukar hoto ya shigo ƙasashen nan, shekaru sittin da 'yan kai bayan haka.

Sunansa Jörg Schmidt-Reitwein, an haife shi a 1939. Cikin 1961, watau shekarar da mutanenmu suka jefa ƙuri'ar shiga Nijeriya, aka kama shi a Jamus ta Gabas bisa laifin ƙoƙarin tsallakar da budurwarsa zuwa Yamma. Bai shaƙi iskar 'yanci ba sai 1964. Daga nan ya tsunduma cikin sana'ar fim, har Allah ya haɗa shi da mai ba da umarni Werner Herzog, wanda ya ɗaukar wa finafinai irin su Kaspar Hauser (1974) da Nosferatu (1979).

Aikinsu na Sahara, Fata Morgana, ya fito a 1971, amma da ƙyar suka sha. Kamar yadda Herzog ya sha faɗa, an tsare su a Kamaru saboda sunan Schmidt-Reitwein ya yi kama da na wani sojan haya Bajamushe da hukuma take nema ruwa a jallo. Mutumin da ya ɗanɗani kurkukun Gabas sai ga shi a wani kurkukun, wannan karon kan laifin suna kurum.

Abin da ya fi shafarmu shi ne fim ɗin da suka fitar a 1989 kan Woɗaaɓen Jamhuriyar Nijar, 'yan'uwan Bororon da muke gani suna ratsa gonakinmu da shanu idan rani ya kama. A nan gwanintar mutumin ta bayyana. Yakan tsayar da na'ura a kan fuskar saurayi ɗaya a filin gerewol, ya ƙi gusawa, har mai kallo ya ga kwalliyar goshi, da zare ido, da farin haƙori, da kuma gajiyar da ke ɓoye a bayan murmushin. Bai tsaya ga biki kaɗai ba. Ya bi waɗanda farin shekarun 1980 ya raba da shanunsu har gefen Arlit, garin ma'adinin yuraniyom, inda makiyayin jiya yake tonon juji. A ganina wannan ɓangare ya fi sauran nauyi, ko da yake ba shi masu sharhi suka fi ambata ba.

Sai dai akwai abin da ya tsaya mini a rai tun ranar da na fara kallon fim ɗin a kaset. A daidai lokacin da samari suke rawa, Herzog ya danne muryarsu, ya ɗora tsohon faifan wata waƙar coci da Alessandro Moreschi ya rera a farkon ƙarni na 20. Hujjarsa ita ce ba fim ɗin nazarin al'ada yake yi ba, wata gaskiya yake nema wadda ta fi ta zahiri zurfi. To, amma duk wanda ya taɓa kwana kusa da rugar Bororo ya san cewa waƙar ce jigon rawar, ita ke ɗauke da zuri'a da kirari. Mai ɗaukar hoto ya ba su fuska, mai ba da umarni ya karɓe musu baki, Bature kuma ya kalle su ta kunnen Rum.

Na taɓa nuna wa ɗalibaina wannan wuri sau biyu, sau ɗaya da sauti, sau ɗaya na kashe shi. Wata ɗaliba Bafillatana ta ce a karo na biyun ne ta gane mutanenta. Schmidt-Reitwein ya rasu a 2023.