Albert Shanker da Cinikin Haƙƙin Malaman Makaranta a Amurka

Albert Shanker, wanda aka haifa a birnin New York a 1928, ɗan Yahudawa ne da suka yi ƙaura daga ƙasar Rasha, ubansa yana rarraba jaridu, uwarsa kuwa tana ɗinki a masana'anta, kuma a wurinta ya fara jin darajar ƙungiyar ƙwadago. Bayan ya karanta falsafa a jami'o'in Illinois da Columbia, sai ya kama koyar da lissafi a 1952, a zamanin da malamin makaranta ba shi da ta cewa game da albashinsa, in ban da ya kai koke gaban hukumar ilimi ya jira abin da aka ga damar yi masa.

Wannan hali ne ya sa shi da abokan aikinsa suka haɗa kan ƙungiyoyin malamai da ke warwatse, suka kafa United Federation of Teachers a 1960, kuma ran 7 ga Nuwamba na wannan shekara malamai wajen 5,000 suka yi yajin aiki na yini ɗaya, alhali kuwa doka ta hukunta korar duk ma'aikacin gwamnati da ya aikata haka. Amma da yake ba yadda za a kori jama'a masu wannan yawa ba tare da an rufe azuzuwa ba, sai hukuma ta sassauta. A 1961 malamai suka zaɓi ƙungiyar ta zama wakiliyarsu, a 1962 aka ƙulla yarjejeniya ta farko, wadda a cikinta, bayan ƙarin albashi, har da haƙƙin malamin firamare ya ci abincin rana ba tare da an ɗora masa tsaron yara ba, abin da ya isa ya nuna irin ƙasƙancin da ake ciki a da.

Shanker ya zama shugaban ƙungiyar a 1964. Fitina mafi girma ta same shi a 1968, sa'ad da hukumar unguwar Ocean Hill-Brownsville, inda galibin mazauna baƙar fata ne masu neman ikon makarantun 'ya'yansu, ta sallami malamai da jami'ai 19 ba tare da an saurari hujjarsu ba. Shanker ya dage a kan cewa ba a hukunta ma'aikaci sai da bayyina, ya rufe makarantun birnin kwana 36, ya yi nasara, aka kuma ɗaure shi kwana 15. Hujjarsa tana da ƙarfi, sai dai ɓarakar da ta shiga tsakanin malamai da iyayen yaran ta daɗe ba ta ɗinke ba, ga shi kuwa mutum ne da ya yi tattakin Selma don 'yancin baƙar fata a 1965.

A watan Oktoba na 1975, lokacin da New York ke gab da tsiyacewa, Gwamna Hugh Carey ya nemi agajinsa, shi kuwa bayan ya yi ta jan ƙafa ya amince a zuba dala miliyan 150 daga asusun fanshon malamai cikin takardun lamunin birnin, a ranar da wa'adin biyan bashi ke cika. Ya shugabanci American Federation of Teachers, ƙungiyar ƙasa baki ɗaya, tun daga 1974 har rasuwarsa ran 22 ga Fabrairu, 1997.