Gidan Darbhanga: Yadda Mai Karɓar Haraji Ya Zama Mai Ƙasa



Maƙasudin wannan lacca shi ne in ba ku tarihin wani gidan sarauta da ke arewacin Indiya, a jihar Bihar, tsakanin kogin Ganjis da iyakar Nepal. Sunan gidan Darbhanga. A lokacin da yake ganiyarsa, ƙasar da ke hannunsa ta kai murabba'in mil 2,400, da ƙauyuka fiye da 4,000, ga ma'aikata dubbai suna karɓa masa kuɗin gona. Abin da nake so mu duba shi ne ta wace hanya iyali guda ya mallaki wannan ƙasa, tun da dai ba da takobi ya ci ta ba.

Kakan gidan, Mahesh Thakur, malami ne daga cikin Barahamawa, watau dangin malaman addinin Hindu. Sarkin Mughal Akbar, wanda ya yi mulki daga 1556 zuwa 1605, shi ya ɗora shi a kan tara harajin yankin Tirhut. A lura da kyau, aiki aka ba shi. Ƙasa tana hannun manoma, haraji na sarki ne, shi kuwa yana da ladan tarawa. Irin waɗannan mutane su ake kira zamindar, kalmar Farisanci mai nufin mai riƙe da ƙasa. Da ƙarfin Mughal ya ja baya, jikokinsa suka riƙa gadon aikin, har suka sami laƙabin Raja.

A 1765 Kamfanin Turawan Ingila ya karɓi ikon tara harajin Bengal da Bihar da Orissa. Ya yi shekaru yana gwaje-gwaje, sa'an nan a 1793 Gwamna Cornwallis ya kafa dokar da ta juya kome. Aka yanke abin da kowane zamindar zai riƙa biyan gwamnati, aka ce ba za a ƙara ba har abada, shi kuma aka mai da shi mai ƙasa a idon shari'a. Sharaɗin guda ne: ranar biya, in rana ta faɗi kuɗi bai shiga baitulmali ba, a yi gwanjon ƙasar. Cornwallis yana hangen manyan masu gonaki irin na Ingila, waɗanda za su kashe kuɗi su gyara ƙasa. Amma fa ba a yanke abin da manomi zai biya zamindar ba. Jama'a ta ƙaru, farashin hatsi ya hau, kuɗin gona ya bi shi, ga tare-taren da doka ba ta san da su ba, alhali kason gwamnati yana nan inda aka bar shi. Rarar da ke tsakani ita ce dukiyar Darbhanga.

Gidaje da yawa gwanjo ya cinye su. Abubuwa biyu suka tsare wannan. Na farko, ba a raba gadonsa; babban ɗa ne yake ɗauke ƙasar duka, ƙanne a yanka musu ƙauyukan ci da kai. Wanda ya taɓa ganin yadda gandun uba yake komawa gayauni bayan rabon gado zai gane amfanin wannan ga gida, ko da bai yarda da adalcinsa ba. Na biyu, a 1860 Maharaja Maheshwar Singh ya mutu ya bar bashi da 'ya'ya ƙanana. Hukumar Turawa mai riƙon dukiyar marayun manya ta karɓi gidan har 1879. Ta biya bashin, ta kasa ƙasar gunduma-gunduma, kowace da manaja mai albashi da littafin lissafi. Lakshmeshwar Singh, da ya girma, ya tarar da ofis mai aiki kamar na gwamnati. A ganina wannan shi ya fi kome tsananta wa talaka, domin ana iya roƙon ubangida ya yi sassauci a shekarar fari, amma malamin haraji abin da ke rubuce yake bi.

Ba zan tauye musu haƙƙi ba. Sun gina makarantu da asibitoci, sun riƙe malaman Sanskrit, kuma Lakshmeshwar ya taimaki jam'iyyar Kwangires da kuɗi tun tana jaririya. Duk da haka Turawa ba su taɓa yarda su lissafa su cikin sarakuna masu mulkin kansu ba.

A nan ne zancen ya shafe mu. Hakiman ƙasar Hausa kafin 1903 sun yi kama da zamindar na farko: suna zaune a birni, jakadunsu na karɓo haraji daga garuruwan da ke ƙarƙashinsu. Da an bi hanyar Cornwallis, da yau jikokinsu ne masu gonakin Kano da Zazzau. Gwamna Girouard ya ƙi a ƙirƙiro masu ƙasa masu cin haya. Kwamitin da ya sa aka kafa a 1908 ya haifar da dokar 1910, wadda ta sa ƙasar Arewa duka a hannun Gwamna amana domin 'yan ƙasa. Hakimi kuwa aka tura shi ya zauna a gundumarsa, daga baya ya koma ɗan albashin En'e. Ku ma'aikatan ƙasa da safiyo kun san cewa dokar 1978 a kan wannan tushe ta tsaya.

Mu koma Bihar. Kameshwar Singh ya hau a 1929, shekarar da manoman jihar suka kafa ƙungiyarsu, kuma ya zauna a majalisar da ta rubuta tsarin mulkin Indiya. A 1950 majalisar Bihar ta yi dokar ƙwace ƙasar zamindar tare da biyan diyya. Ya kai ƙara, babbar kotun Patna ta ba shi gaskiya a 1951. Gwamnatin Nehru ta amsa da yi wa tsarin mulki gyaransa na farko a wannan shekara, kuma a 1952 kotun ƙoli ta tabbatar da mafi yawan dokar. Manoman da ke da takardar riƙo suka koma biyan gwamnati kai tsaye. 'Yan ƙwadago marasa gona ba su sami ko taki ɗaya ba.

Kameshwar Singh ya mutu a 1962 bai bar ɗa ba. Jami'o'i biyu ne suke zaune a gidajen sarautar a garin Darbhanga, ɗaya ta Sanskrit mai ɗauke da sunansa, wadda aka kafa a 1961, ɗaya kuma ta Mithila, ta 1972.